Matar Da Ke Cikin Wayar Baba

Zuwa ga Yayana abin alfaharina,

Gaisuwa mai yawa da fatan kana lafiya, kai da matarka da yara. Ya aiki, ya zaman nesa da gida? Mama tana gaishe ka, ta ce hoton da ka turo ya yi kyau, amma ka rage tumbi. Na rubuto da hannuna zan ɗauki hoton takardar in turo maka, domin a waya ba ka barin mutum ya kai ƙarshen magana.

Da farko dai, madalla da wayar da ka aiko wa Baba. Kai, Yaya, ka iya kyauta! Ni da nake sayar da tukwane da cokula na san kaya idan na gani, wannan kam ba na gefen hanya ba ne. Ga ladabi, ga haƙuri, ka tambaye ta sau goma ta ba ka amsa ɗaya da murya ɗaya. Cikin ɗan lokaci ta yi abin da mu ’ya’yansa da Mama da likitan hawan jini muka kasa shekara da shekaru. Ta sa Baba ya yi shiru.

Ka san shi da kalmar safe. Tun muna sa kayan makaranta ba a shan shayi a gidan nan sai ya ajiye mana wata kalmar Turanci a tebur, irin wadda Turawan ma sai sun yi gyaran murya kafin su faɗa, ya ba mu ma’anarta, mu maimaita, sannan a miƙa burodi. Duk tsawon aikinsa na duba kurakurai a gidan buga littattafai, kalmar da ta bi ta gabansa ta shiga aljihunsa ke nan. Da ya yi ritaya muka watse, sai ya mayar da ajin shagon Mai Aski, inda tsofaffin abokansa ke jere a benci suna jiran askin gashin da babu.

Ranar da abin ya faru ina wurin, na biyo shi da maganinsa da ya manta. Na tarar yana kan kujera ana gyara masa gemu, yana nuna musu wayar, wai ɗansa ya ce akwai wata mata a ciki da ke faɗin kowace kalma idan an taɓa ta. Kalmar ranar ita ce victuals. Ya ce musu biktuwals, wato abinci, guzuri. Tsofaffi suka maimaita kamar ’yan aji ɗaya. Sai ya ɗaga wayar sama, ya ce bari madam ta sa hannu. Ya taɓa. Madam ta ce bitilz.

Yaya, almakashi ya tsaya a iska. Baba ya ce matsalar sabis ce. Ya sake taɓawa, ta sake cewa bitilz, cikin sanyin murya kamar mai yi wa mutum ta’aziyya. Mai Aski, ka san bakinsa, ya ce a gwada wata mana, ƙila wannan ce ba ta iya ba. Baba ya ɗauko demesne, filin da ke kewaye da gidan mai dukiya, wadda duk muka haddace da demesne kamar yadda take a rubuce. Ta ce dimein. Ya ɗauko forecastle, wajen kwanan ma’aikata a gaban jirgin ruwa, forekastil ɗinmu ta gado. Ta ce foksul. Foksul, Yaya! Ina sauran kalmar ta tafi? Ni a shago idan na ba mutum rabin tukunya ai sai ya kira mini hukuma. Da ya kai kan synecdoche, wadda ya fi ji da ita, ta kiran ɓangare ana nufin duka, kamar ka ce bakuna biyar kake ciyarwa, sai ya taɓa ta a hankali. Shi sainekdoch ya sani. Ita sinekdoki ta ce.

Mai Aski ya ce, “Malam, ashe duk ajin ne muka faɗi jarrabawa, kuma malamin ne ya ja gaba.” Wasu suka yi dariya, wasu suka kalli takalmansu. Baba ya miƙe da ƙyallen askin a wuya, gemu rabi a gyare, ya fita. Ni na bi shi na kwance masa ƙyallen a bakin titi.

Ni ma fa abin ya taɓa ni. Sai yanzu na gane murmushin da malamar Turancin ’yata ta yi ranar da na ce mata na kawo wa yarinya biktuwals. Ina ta jin daɗi a lokacin, wai na burge ta.

Amma tawa mai sauƙi ce. Tun daga ranar babu kalmar safe. Idan ka gaishe shi sai ya ɗaga hannu. Abinci yana taɓawa ya ture. Kuma ya aika wa shugaban ƙungiyar tsofaffin ma’aikata cewa bana su nemi wani ya yi jawabin taronsu na ƙarshen wata. Jawabin da Baba yake fara shiryawa tun washegarin na bara! Ina tsoro, Yaya. Mutumin da magana ce numfashinsa, idan ya daina ɗaya ban san me zai hana shi daina ɗayan ba. Ka kira shi, amma don Allah ka lallaɓa.

Ka gaishe mini da matarka da yara.

Ƙanwarka,
Auta

Yayana,

Ina gaisuwa, ina fatan murar da ka ce ta kama ƙaramin ta sake shi. Mu nan da sauƙi, in ban da wanda ka sani.

Na ce ka lallaɓa. Ka kira ka ce masa ba komai, kowa yana kuskure, sannan ka bi shi da saƙon murya mai tsawo kana jera masa yadda ake faɗin kalmomin ɗaya bayan ɗaya, har da cewa ya maimaita bayanka. Na saurara har ƙarshe bakina a buɗe. Mutum ya faɗi a kwata, kai kuma ka tsaya a kansa kana koya masa yadda ake tsallake. Sannu da ƙoƙari.

Yanzu ga abin da yake yi. Da safe ya shige ɗaki ya ja ƙofa, sai ka ji muryar matar nan. Yana bin kalmomin da ya taɓa koya mana ne, yana taɓa su ɗaya ɗaya, kamar mai danna haƙorin da ke ciwo. Jiya na ji ta ce sizaji, ko wani abu mai kama da haka, na tsaya da tsintsiya a hannu ina tunanin wace ce wannan. Ashe syzygy ce, saizaigai ɗinmu, jeruwar rana da wata da duniya a layi ɗaya, wadda ka sha rankwashi a kanta. Mama ta ce gara mata ƙarar janareta da muryar nan. Ƙamus ɗinsa babba, wanda ba ya bari a ɗora ko kofi a kai, ya ba ta ya ce ta sa saman kabad.

Baba Dogo ya zo duba shi. Ka tuna shi, abokin aikinsa, wanda suke zama tebur ɗaya. Shi ya warware mini abin da ban taɓa tambaya ba duk rayuwata. Ya ce a wurinsu mutum biyu ke duba shafi. Ɗaya ya riƙe rubutun marubuci yana karantawa da ƙarfi, ɗayan yana bin wanda aka buga da alƙalami. Baba ne mai karantawa, shi ne mai bi. To idan mai karatu ya haɗiye harafi, mai bi ba zai san ko harafin ya faɗi a wajen bugu ba. Saboda haka dokar teburinsu ita ce duk harafin da ido ya gani sai baki ya faɗe shi. Idan aka ce foksul, wa zai san an bar harufa a hanya? Sai a ce forekastil, kowane harafi ya fito a ƙirga shi. Haka wanda ya koya musu aiki ya koya musu, haka suka yi har gashinsu ya yi fari, kuma ba su taɓa jin wani ya faɗi kalmomin nan a waje ba, balle su san akwai wata hanya. Wa zai ce synecdoche a layin shiga mota? Ƙananan alamun nan da ke gefen kowace kalma a ƙamus, masu kama da tsutsotsi, ashe su ne ke nuna furuci. Su kuma tsallake su suke yi, don ba aikinsu ba ne.

Na yi murna, na ce shi ke nan, ga magani. Na ja Baba Dogo ɗaki na ce ya maimaita a gabansa. Ya maimaita. Baba ya saurara, sannan ya yi maganar da ta fi kowace tsawo tun ranar aski. Ya ce, “Dogo, a tebur kayan aiki ne. Ni na kwaso shi na kawo gida, na ciyar da ’ya’yana da shi, na kuma tara dattawa ina ce musu Turanci ke nan.” Ya juya fuska bango.

Likita ya auna shi, ya ce jinin ya hau, nauyi ya sauka, ya tambaye mu ko an yi rasuwa ne. In ce wasu harufa ne suka rasu?

Kada ka sake turo saƙon murya. Ka bar mini, ina da wata dabara, kuma ba zan faɗa maka ba sai ta yi.

Mama ta ce a gaishe ka, amma ba da fara’a ta faɗa ba.

Taka,
Auta

Yayana na kaina,

Gaisuwa da fatan alheri. Ya gida, ya yara, ya matarka? Zauna kafin ka karanta wannan.

Baba ya ci abinci. Ya nemi ƙari. Ya yi wa Mama faɗa a kan gishiri, ita kuwa tana ta godiya ga Allah kamar an ba ta kyauta.

Ga yadda aka yi. A kasuwarmu akwai Mai Sanarwa, matar da ke zaune a ƙaramin ofishi kusa da babbar ƙofa da lasifika a gabanta. Ita ke cigiyar yaran da suka ɓata, ita ke kiran masu motar da suka tare hanya. Ta taɓa aiki a filin jirgin sama, don haka idan ta so tana iya Turanci ta hanci, irin wanda za ka rantse ba ta taɓa taka ƙasa ba. Na kai mata kwanon miya mai murfin gilashi, irin wanda ta daɗe tana tayawa, na zauna na karanta mata kalmomin Baba yadda Baba yake faɗinsu, ita kuma tana maimaitawa da muryar jirgi, muna ɗauka. Yaya, da ka ji biktuwals a bakinta, da kai ma ka fara shakkar naka. Sai da muka tsaya sau da yawa don dariya, musamman a kan saizaigai.

Daga nan na lallaɓo wayar Baba yana wanka, na kai wa Mai Gyaran Waya na layin bayanmu. Ya cire matar da ke ciki, ya jera kalmomin a fuskar wayar da manyan harufa, kowace ka taɓa muryar Mai Sanarwa ta fito. Ya tambaye ni ko damfara zan yi, na ce masa jinya zan yi.

Sai na shiga wurin Baba da fuskar wadda aka cuta. Na ce masa na kai wayar an duba, ashe Turancin ma iri biyu ne kamar kowane kaya, akwai na asali akwai jabu. Na ce wanda ya sayar maka da wayar ya ga baƙo ne ya sa maka na talakawa, na masu sauri da ke haɗiye rabin kalma, amma yanzu an sa na manya, na masu faɗa a ji. Ka yi haƙuri da na mayar da kai wanda aka yi wa wayo, dole wani ya ɗauki laifi, kai ne kuma ba ka kusa.

Ya daɗe yana kallona. Ka san ni, na sayar wa mutum tukunyar da ya dawo da ita jiya, idona bai kaɗa ba. Ya karɓa, ya taɓa demesne. Murya ta ce demesne, harafi bai faɗi ba. Ya taɓa forecastle. Forekastil. Ya taɓa synecdoche, ya rufe ido. Sainekdoch. Yaya, na ga fuskar tsohon nan tana dawowa kamar an zuba wa shuka ruwa. Ya ce, “Na san da wata a ƙasa.” Ya ce a sauko masa da ƙamus.

Abin da ya ba ni mamaki, har yanzu ban dawo daidai ba, shi ne sauƙin da abin ya yi. Mutumin da ya ƙare rayuwarsa yana kama kuskuren da idon kowa ya tsallake, ko tambaya ɗaya bai yi mini ba. Na shirya amsoshi kala-kala tun daga kasuwa, ban yi amfani da ko ɗaya ba. Na fito daga ɗakin ina dariya, na isa kicin na ga hawaye nake.

Yau da safe an yi kalmar safe. Borborygmus, kukan da ciki ke yi idan yana jin yunwa. Ya ce Mama ta maimaita, ta ce shi dai ya ci abincinsa kukan ya tsaya.

Abu ɗaya nake roƙo. Idan ya kira ka yana yi maka faɗa a kan jabun Turanci, ka ce ka yi kuskure. Na san zai yi maka wuya, ba ka saba ba, amma ka gwada.

Ƙanwarka mai ƙaunarka,
Auta

Yaya,

Ina fatan kuna lafiya. Ni ba na lafiya, kuma a tsaye nake rubutun nan a bayan kanta, ka yi haƙuri da karkacewar layi.

Na ga amsarka, cewa abin da na yi bai dace ba, in je in gaya masa gaskiya. Na gode da wa’azi. Amma abin ya riga ya wuce nan.

Baba ya koma ya karɓi jawabin. Da na ji na yi tsalle. Sai ya gaya mini kan maganar: zai yi bayani ne a kan Turancin asali da na jabu, kuma zai sa wayar a bakin lasifikar zauren kowa ya ji shaida da kunnensa. Ya je da ƙafarsa ya gayyato Mai Aski, ya ce a ajiye masa kujera a layin gaba. Ya ce wa shugaban ƙungiya kowa ya zo da iyalinsa. Ni maganin sha a ɗaki na haɗa, shi kuma zai raba wa jama’a.

Na gwada duk abin da na sani. Na ce lasifikar zauren ba ta da kyau, ya ce ya sa an gyara. Na ce manya ba sa ramuwa, ya ce ba ramuwa ba ce, gyara ne, kuma gyara sana’arsa ce. Na yi niyyar in sa wayar ta faɗa bokiti, amma yanzu a aljihun gaba take kwana, hannunsa a kai. Kullum kuma sai ya tuno wata kalmar da babu a ciki, in ce masa sai an sabunta, in ruga wurin Mai Sanarwa. Ta fara tambayar ko ina da manyan tukwane.

Sau biyu na shiga ɗakinsa da niyyar faɗa masa. Na farko na tarar yana gwada rigarsa ta taro a madubi, yana cewa ta yi masa yawa, a ƙara masa abinci kafin ranar. Na biyu ya riga ni magana, ya ce cikin ’ya’yansa ni ce na san darajar abu. Ka gaya mini ta ina zan fara bayan wannan?

Lissafina yanzu shi ne, mutanen zauren tsofaffi ne, rabinsu ba sa ji sosai, sauran kuma a wurinsa suka koyi kalmomin. Idan Mai Aski bai zo da tasa wayar ba, ƙila mu tsira. Ka taya ni addu’a, kada ka taya ni shawara.

Auta

Zuwa ga Yayana,

Bayan gaisuwa da tambayar lafiyarku duka, ina sanar da kai cewa an yi taro an tashi, kowa yana raye. Na san Baba ya kira ka, amma nasa ya ba ka, ga nawa.

Zauren ya cika, tsofaffi a gaba, matansu da ’ya’yansu a baya, fanka tana juyawa ba ta kawo komai. Ni da Mama muna gefe kusa da ƙofa, don na san amfanin ƙofa. Baba ya hau da rigarsa, ya yi gabatarwa da Turancinsa mai nauyi, ya ba da labarin ranar aski bai rage komai ba, ya ce yau za a ji wanda ya yi kuskure. Ya kara wayar a lasifika ya taɓa. Murya ta cika zauren: biktuwals. Tsofaffin gaba suka fara tafi. Na ce a raina mun haye.

Duk lissafina a kan layin gaba na yi shi, Yaya. Na manta da na baya. Baba ba ya zuwa kasuwa, abokansa ma haka, amma matansu fa? Muryar da suke ji kullum a kansu suna tayin albasa! Da ta ce demesne na ga kawuna suna juyawa. Da ta ce forekastil wata ta ce, ba a hankali ba, “Kai, wannan ba Mai Sanarwa ba ce?” Sai matar Baba Dogo, Allah ya shirye ta, ta toshe hanci ta ce, “Mai farar mota da ya tare ƙofa ta biyu, ana jiran ka.” Bayan zauren ya fashe. Mata suna riƙe ciki, mazan gaba suna waiwaye suna tambayar me aka ce. Mai Aski kuwa ashe ya zo da tasa wayar, ya miƙe yana ɗaga ta.

Baba ya tsaya. Ya kalli wayar, ya kalli matan, sannan ya nemo ni da ido har bakin ƙofa. Ban taɓa sanin mutum yana iya tsufa ya kuma yarinta a kallo ɗaya ba. Na ce shi ke nan, na kashe shi a gaban mutane, wannan karon ba zai tashi ba. Na fara duba ko akwai likita a zauren.

Sai ya ajiye takardunsa. Ya yafito Mai Aski ya ce ya hawo da wayarsa. Kuma da Hausa ya faɗa. Yaya, Baba a kan dandamali yana Hausa! Mama ta kama hannuna har ya yi shaida. Ya ce, “Jama’a, kun ji muryar kasuwa. ’Yata ce ta ɗauko mini hayarta, don ta ga ubanta zai mutu a kan harafi. Za mu yi maganarta a gida. Yanzu ku ji ta masu abin.” Ya sa Mai Aski ya taɓa. Matar waya ta dawo da bitilz ɗinta. Ya ce duk wanda ya taɓa zama ajinsa ya maimaita, domin shi ya ɓata, shi zai gyara, ba a tashi daga shafi da kuskure a ciki.

Ka taɓa ganin zaure cike da tsofaffi marasa haƙora suna ƙoƙarin cewa bitilz? Wani haƙoran robarsa suka yi gaba, ya cafe su a iska. A kan foksul Baba Dogo ya miƙe ya ce shi bai yarda ba, sata ce, a dawo da harufan mutane. Baba ya ce, “Zauna, Dogo, masu kayan ne suka zubar, mu dako muka yi.” Daga nan ya shiga labarin teburinsu, da wanda ya koya musu aiki, da yadda suke karatu har muryarsu ta dushe injin yana ruri a bayansu. Ya yi magana har shugaba ya fara nuna masa agogo, bai kula ba. Aka tafa masa a tsaye.

Yanzu yana ci, yana sha, jini ya sauka. Ya sa Mai Gyaran Waya ya dawo masa da matar. Ajin shagon aski ya koma, kowace kalma sau biyu ake faɗinta, yadda aka rubuta da yadda aka haɗiye, Mai Aski ne mai taɓa waya, yana ta hura hanci da muƙami. Yana magana da Mama, da maƙwabta, da mai kawo ruwa, da kai. Ni ce kawai ba ya yi wa. Idan na gaishe shi sai ya ce wa Mama ta ce mini yana amsawa.

Shekaranjiya da safe na kai masa shayi, ya dube ni karon farko. Ya ce yana da kalma tawa ni kaɗai. Mountebank. Ya ce wannan kam shi da matar waya bakinsu ɗaya a kanta, ba ta haɗiye komai ba, in je in nemi ma’anar da kaina. Na duba a shago. Wai mutumin da ke hawa benci a kasuwa yana sayar wa jama’a maganin ƙarya da daɗin baki. Na zauna a kan kwalin cokula na daɗe ban tashi ba. Mama ta ce in kwantar da hankalina, wai da ya faɗa sai da ya juya ya ɓoye dariya. Ni ban gani ba.

Ka gaishe da matarka da yara da kyau. Idan za ka sake aiko masa da kyauta, ka aiko da safa.

Ƙanwarka,
Auta

Na manta. Na ji shi jiya yana ce wa Baba Dogo ɗansa na nesa mutum ne mai gaskiya. Kai ka ba shi gaskiya ta kwantar da shi, ni na ba shi ƙarya ta ɗaga shi har kan dandamali. To tunda kai ne mai ilimin, duba mini a wayarka: akwai wata kalmar Turanci, ko da mai wuyar faɗa ce, da ake kiran mai maganin ƙaryar da maganinsa ya yi aiki?